Ƙanƙarar Dutsen Ruwenzori tana ƙarewa, amma ba ita ke riƙe da ruwan ba

A kan iyakar Yuganda da Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kongo, kusa da layin da ya raba duniya gida biyu, akwai jerin duwatsu da ake kira Ruwenzori. Mafi tsayinsu shi ne Dutsen Stanley, ƙololuwarsa kuma ana ce mata Margarita, tsayinta mita 5,109. A duk Afirka Kilimanjaro da Dutsen Kenya ne kaɗai suka fi ta. Don mai karatu ya kwatanta: Chappal Waddi da ke gandun dajin Gashaka Gumti a Jihar Taraba, wanda babu dutsen da ya kai shi tsayi a Najeriya, mita 2,419 ne. Ko an ɗora wani irinsa a kansa, ba zai kamo Margarita ba.

Abin da ya sa sunan wannan dutse yake yawo a kafafen labarai shi ne ƙanƙarar da ke kansa, wadda take narkewa a kan idon mutane. Labarin kuma kusan kullum da siga ɗaya yake zuwa: ƙanƙara za ta ƙare, koguna za su ƙafe, har Kogin Nilu zai ji a jikinsa. Rabin farko na maganar gaskiya ne. Rabi na biyu kuwa bincike bai goyi bayansa ba, kuma a ganina yawan nanata shi yana ɗauke hankali daga inda haɗarin yake.

Kilimanjaro da Dutsen Kenya aman wuta ne ya gina su, shi ya sa kowanne yake tsaye shi kaɗai a fili, ana hango shi daga nesa. Ruwenzori kuwa tsohon dutse ne da motsin ƙasa ya turo sama a bakin babbar tsagar ƙasa da ta ratsa gabashin Afirka. Tsawonsa ya kai kilomita 120, faɗinsa kusan 65, kuma manyan duwatsu shida ne a cikinsa, kwaruruka masu zurfi sun rarraba su. Iska mai ɗauke da laima daga dazuzzukan Kongo tana hawa gangarensa, ta yi sanyi, ta zubar da ruwa, har wasu wuraren suna samun abin da ya haura milimita 2,500 a shekara. Gajimare yana lulluɓe shi mafi yawan kwanakin shekara. Turawan da suka yi ta neman mafarin Nilu sun sha wucewa ta kusa da shi ba su gan shi ba, sai a 1888 Henry Morton Stanley ya hango farin kansa. Tun ƙarni na biyu masanin ƙasa Batlaimus na Iskandariya ya ambaci wasu “Duwatsun Wata” da Nilu ke fitowa daga cikinsu, malaman Larabawa suka ɗauki sunan suka ce Jabalul Ƙamar, kuma da yawa suna ganin Ruwenzori ake nufi. Daga nan aka ƙulla sunan dutsen da na Nilu, ƙullin da har yau bai kwance ba.

Wanda ya fara taka ƙololuwar shi ne wani yariman Italiya, Luigi Amedeo, mai sarautar Abruzzi, a watan Yunin 1906, ya kuma raɗa mata sunan Sarauniya Margarita ta ƙasarsu. Ya zo da jagorori daga duwatsun Turai, kayansa kuwa ’yan ƙasa ne suka ɗauka a ka. Abin da ya fi amfani daga wannan tafiya shi ne hotunan da Vittorio Sella ya ɗauka da taswirar da suka zana, domin su ne ma’aunin da ake gwada komai da shi a yau. A lokacin duk duwatsun shida suna da ƙanƙara ta dindindin, faɗinta ya kai kusan murabba’in kilomita 6.5. Zuwa 1955 ta koma ƙasa da 4. Hotunan tauraron ɗan’adam sun nuna murabba’in kilomita 2 a 1987, sannan ƙasa da 1 a 2003. Awon da aka yi a ’yan shekarun nan bai kai rabin murabba’in kilomita ba, kuma kusan duka a kan Dutsen Stanley yake. Rahoton hukumar UNESCO na 2022 ya sa Ruwenzori cikin wuraren da ake sa ran ƙanƙararsu za ta ɓace kafin 2050, tare da Kilimanjaro da Dutsen Kenya.

Masu hawa suna ganin abin da ƙafarsu. A watan Mayun 2010 wata tsaga mai faɗin kusan mita 6 ta buɗe a ƙanƙarar da ke kan hanyar Margarita, sai da hukumar kula da namun daji ta Yuganda ta dakatar da hawa na wani lokaci. Inda a da ake tafiya a kan dusar ƙanƙara mai laushi, yanzu ƙanƙara ce mai tauri da santsi a kan gangare mai tsini, ko kuma tsuran dutse wanda sai da igiya.

Me ke cinye ta? Nan ne masana suka yi saɓani na gaske, kuma saɓanin ya cancanci a tsaya a kansa. A ƙasashen sanyi, ƙanƙarar dutse tana tara jiki da hunturu, ta rame da bazara. A Ruwenzori babu hunturu irin wannan. Zafin shekara kusan ɗaya ne daga Janairu zuwa Disamba, bambancin da ake ji tsakanin dare ne da rana. Abin da ke sauyawa shi ne ruwan sama: damina biyu, ɗaya daga Maris zuwa Mayu, ɗaya wajen Satumba zuwa Nuwamba. Saboda haka rayuwar ƙanƙarar ta rataya ne a kan tambaya ɗaya, wato abin da zai zubo daga gajimare a can sama, dusa ce ko ruwa. Idan dusa ce, tana ƙara wa ƙanƙarar kauri, kuma farinta yana mayar da mafi yawan hasken rana sama. Idan ruwa ne, ko kuma aka daɗe ba a yi sabuwar dusa ba, tsohuwar ƙanƙara mai duhu ta fito fili, ta sha rana, ta narke da sauri. Da zarar gefenta ya janye, baƙin dutsen da ya bayyana yana ɗaukar zafi ya ƙara cin abin da ya rage.

A 2006 Richard Taylor na wata jami’ar Landan da abokan aikinsa, ciki har da masana daga Jami’ar Makerere ta Yuganda, suka ce ɗumamar iska ce babban dalili. Bayanan tashoshin awon yanayi da ke kewaye da dutsen sun nuna zafi yana ƙaruwa da kusan rabin digiri a kowace shekara goma tun shekarun 1960, alhali yawan ruwan sama bai sauya sosai ba. Ƙa’idar ita ce iska tana rage zafi da kusan digiri 6 a kowane hawan mita 1,000. Ke nan ƙarin rabin digiri yana ɗaga layin da ruwa ke daskarewa da kusan mita 80. A dutsen da ƙanƙararsa take cikin ’yan ɗaruruwan mitoci na ƙarshe, wannan ba ƙaramin abu ba ne, domin layin yana hawa, dutsen kuma ba ya ƙara tsayi.

Thomas Mölg da Georg Kaser da wasu masana daga Ostiriya suka mayar da martani cewa tashoshin da aka dogara da su a ƙasa suke, ba su gaya mana abin da ke faruwa a mita 5,000 ba. Su a ganinsu raguwar laima da gajimare ce ta fara lamarin, tun wajen 1880 lokacin da gabashin Afirka ya shiga bushewa kuma tafkunansa suka ja baya. Ƙarancin gajimare yana nufin ƙarin rana da ƙarancin dusa. Hujjarsu tana da ƙarfi ƙwarai a Kilimanjaro, inda saman dutsen yake ƙasa da ma’aunin daskarewa kusan kullum, ƙanƙara kuma takan tashi ta zama tururi kai tsaye ba tare da ta narke ba. A Ruwenzori mai laima da ƙarancin tsayi, ni na fi karkata ga cewa zafi yana da babban kaso. Amma dalilan biyu ba sa korar juna, kuma dukansu suna da alaƙa da sauyin da ake samu a tekun Indiya da iskar duniya baki ɗaya. Abin takaici shi ne an daɗe ana wannan muhawara ba tare da dogon tarihin awo daga saman dutsen ba, saboda ba a zuba kuɗin kafa na’urori da kula da su a kan lokaci ba.

Yanzu ga batun ruwa. Tawagar Taylor ɗin nan ta auna Kogin Mubuku, wanda ke kwashe ruwan da ke saukowa daga manyan ƙololuwan. Suka tarar abin da narkewar ƙanƙara ke bayarwa bai kai kashi 2 cikin 100 na ruwan kogin ba, a damina da rani duka. Sauran daga ruwan saman da ke sauka a dazuzzuka da fadamun da ke ƙasa da ƙanƙarar yake fitowa. Idan aka yi lissafi ba abin mamaki ba ne: gandun dajin Ruwenzori na ɓangaren Yuganda murabba’in kilomita 996 ne, ƙanƙara kuwa ba ta kai ɗaya ba. Ruwan dutsen yana bi ta Tafkin George da Tafkin Edward da Kogin Semliki zuwa Tafkin Albert, daga nan ya shiga Farin Nilu. Amma kusan kashi 85 cikin 100 na ruwan da ke isa Masar daga tsaunukan Habasha yake fitowa. Manomin da ke ban-ruwa a Sudan ba zai san ranar da ƙanƙarar Margarita ta ƙare ba.

Wanda ya bi hanyar hawa daga ƙauyen Nyakalengija zai ga inda ruwan yake da idonsa. Tafiyar kusan mako guda ce. Ana fara ratsa kurmi mai duhu, a shiga dajin gora, sannan wajen mita 3,000 a shiga wani daji na itatuwa masu karkatattun rassa waɗanda gansakuka ta naɗe su tun daga tushe har reshe, kore da ruwan ɗorawa da ja. Idan mutum ya damƙi gansakukar ya matsa, ruwa ne zai zubo ta tsakanin yatsunsa. Gaba kaɗan sai fadamar Bigo, inda a da matafiyi yake tsalle daga tushen ciyawa zuwa wani, wanda ya kuskure ya nutse cikin baƙin taɓo har gwiwa ko ƙugu. Yanzu an shimfiɗa katako a wasu wuraren, amma dogon takalmin roba har yau shi ne takalmin Ruwenzori. Sama da nan akwai wasu manyan tsirrai masu kaurin jiki da ganye a cure a ka, wasu sun fi mutum uku tsayi, suna rufe ganyensu da dare don kare tsakiyarsu daga sanyi, tsofaffin ganyayensu kuma suna manne a jiki ba sa faɗuwa. Wannan gansakuka da taɓon da ya taru shekaru dubbai suna aiki ne kamar soso: su sha ruwan sama idan ya yi yawa, su riƙa sakinsa a hankali. Su ne suke sa koguna su ci gaba da gudu da rani, su kuma rage ƙarfin ambaliya da damina.

An ga abin da ke faruwa idan wannan ya lalace. A watan Fabrairun 2012, bayan wani rani mai tsanani, gobara ta tashi a can sama, a yankin da mutane suke ɗauka ya fi ƙarfin wuta saboda jiƙarsa. Ta cinye wani babban yanki na mafarin Kogin Nyamwamba. A ranar 1 ga Mayun 2013 kogin ya sauko kwarin Kilembe da manyan duwatsu da itatuwa, ya kashe mutane, ya rushe gidaje da gadoji, ya shiga asibitin garin Kilembe. Ruwa ba ya tsami banza. Masu binciken da suka bi sawun wannan ambaliya sun gano cewa ruwan saman da aka yi shi kaɗai bai isa ya kawo ɓarna haka ba. Abubuwa uku ne suka haɗu: ruwa mai ƙarfi, ƙasar da wuta ta tsiraita ta daina shan ruwa, da zaftarewar ƙasa da ta cika kogin da tarkace. Ambaliyar ta dawo a 2014, ta sake dawowa a watan Mayun 2020 da ƙarfin da ya rusa asibitin Kilembe, ya kori dubban mutane daga gidajensu. Wasunsu sun shafe shekaru a sansanin Muhokya suna jiran a ba su matsuguni. Ƙari a kan haka, Kilembe tsohon garin haƙar tagulla ne, an buɗe mahaƙar a 1956, ta durƙushe bayan shekaru ashirin da ’yan kai, ta bar tarin dattin ma’adinai a bakin kogin. Duk lokacin da ruwa ya yi ambaliya yana kwasar wannan datti ya kai shi gonaki da wuraren ɗiban ruwa.

Ke nan barazanar da ke gaban mutanen gindin Ruwenzori ita ce ruwa ya zo da yawa a lokaci ɗaya, ya kuma yi ƙaranci a lokacin da ake buƙatarsa. Ɗumamar da ke narkar da ƙanƙara ita ce dai take busar da fadamu har su kama wuta. Ta wannan fuskar narkewar ƙanƙarar alama ce da ake iya gani daga nesa, ta wani sauyi da ke faruwa a ƙasa da ita inda kyamara ba ta cika zuwa ba.

Wannan ba ya nufin rashin ƙanƙarar ba asara ba ce. Bakonzo, mutanen da ke zaune a gangaren dutsen ta ɓangaren Yuganda, ’yan’uwan Banande na Kongo, a al’adarsu ta gargajiya farin kan dutsen mazaunin Kitasamba ne, wanda suke danganta albarkar ƙasa da haihuwa gare shi. Akwai ƙa’idoji na wanda zai hau da yadda zai yi magana a can sama, akwai kuma dattawan da ke jagorantar tsarkake tudu idan bala’i ya sauka. Yawancin Bakonzo a yau Kiristoci ne, akwai Musulmi a cikinsu, amma dutsen bai daina zama tushen asalinsu ba. Gwagwarmayar Rwenzururu da Isaya Mukirania ya jagoranta tun 1962, don fita daga ƙarƙashin masarautar Toro, da sunan wannan dutse aka yi ta, kuma a cikinsa mayaƙanta suka fake shekaru ashirin. Gwamnatin Yuganda ta amince da masarautarsu, aka naɗa ɗan Mukirania, Charles Wesley Mumbere, sarki a 2009. A watan Nuwamban 2016 sojoji suka far wa fadarsa a garin Kasese da ke gindin dutsen, mutane fiye da 100 suka mutu. Duk wanda zai yi maganar kare wannan dutse ba tare da ya san wannan tarihi ba, zai yi mamakin yadda mutane ke kallon jami’in gwamnati mai bindiga a bakin daji.

Domin shi kansa gandun dajin da zafinsa ya zo. An ayyana shi a 1991, UNESCO ta sa shi cikin wuraren tarihi na duniya a 1994. Kafin nan gandun itatuwa ne tun 1941, mutane suna shiga su sari gora, su ɗebo magani da zuma, su yi farauta, su bi tsoffin hanyoyin ƙafa da ke tsallaka dutsen. Da sabuwar doka ta zo, da yawa daga cikin waɗannan suka zama laifi. Daga baya hukuma ta sassauta, ta ƙulla yarjejeniyoyi da wasu ƙauyuka don su riƙa ɗibar gora da magani bisa ƙa’ida, dokar Yuganda kuma ta ware kashi 20 cikin 100 na kuɗin shiga gandun daji don al’ummomin da ke maƙwabtaka da shi. Matsalar ita ce kashi 20 na kaɗan, kaɗan ne. Kilimanjaro yana karɓar masu hawa dubu gomomi a shekara, Ruwenzori kuwa ’yan dubbai ne suke zuwa, waɗanda ke kaiwa ƙololuwa ba su kai haka ba. Ruwan sama da taɓo da tsawon tafiya suna korar wasu, rashin tsaro ya kori sauran. ’Yan tawayen ƙungiyar ADF, masu yaƙar gwamnatin Yuganda, sun mamaye dutsen a ƙarshen shekarun 1990, aka rufe gandun daga 1997 zuwa 2001, UNESCO ta sa shi cikin jerin wuraren da ke cikin haɗari daga 1999 zuwa 2004. Ƙungiyar ba ta mutu ba. A watan Yunin 2023 ta tsallako daga Kongo ta kashe mutane kusan 40, yawancinsu ɗalibai, a wata makarantar sakandare a Mpondwe. Duk lokacin da irin wannan ya faru, ’yan dako da jagorori, waɗanda kusan dukansu Bakonzo ne, su ne suke zama a gida babu aiki.

A waje da iyakar gandun kuma jama’a tana ƙaruwa. Gundumar Kasese kaɗai tana da mutane kusan dubu 700 a ƙidayar 2014. Gonakin kofi da ayaba da rogo da wake sun hau gangare har sun dangana da layin gandun, a wuraren da tsininsu ya sa mai noma yake tsaye gonarsa tana gaban fuskarsa. Ba zan ɗora wa wannan manomi laifi ba, ba shi da wani wurin. Amma gangaren da aka sare itatuwansa shi ne yake zaftarewa, ƙasar da ta zaftare kuma ita ce take toshe kogi.

Babu abin da Yuganda ko Kongo za su yi su ceci ƙanƙarar Margarita. Afirka gaba ɗaya ba ta fitar da kashi 4 cikin 100 na hayaƙin da ke ɗumama duniya, kuma ko manyan ƙasashe sun cika alkawuransu gobe, abin da ya rage a kan Dutsen Stanley ya yi ƙanƙanta da ya farfaɗo. Abin da ke hannun mutane shi ne abin da ke ƙasa da ita. Ana iya sa ido kan gobara a lokacin rani, a horar da ’yan dakon da suka san kowane lungu su zama masu kashe ta, a biya su ko baƙi sun zo ko ba su zo ba. Ana iya kafa na’urorin awon ruwan sama da tsayin kogi a can sama, waɗanda za su aika gargaɗi zuwa Kilembe da Kasese kafin ruwa ya iso, domin a kwari mai gangare irin wannan mintuna kaɗan suna raba mai rai da gawa. Akwai aikin dasa gora da itatuwa a bakin koguna, wanda an fara shi, da kwashe dattin tagulla daga hanyar ruwa, da sama wa waɗanda ambaliya ta kora fili a wurin da kogi ba ya kaiwa. Asusun biyan asara da ɓarnar sauyin yanayi da ƙasashen duniya suka amince a kafa a taron Masar na 2022, don irin mutanen Muhokya aka ce an yi shi, kuma ya kamata Yuganda ta kai buƙatarsu gabansa da sunan ambaliya da gobarar fadama, da alƙaluman gidajen da suka rushe a 2013 da 2020.